Tarihin Rayuwar Liselotte, Kashi na 5: Takardar Auren da Ta Ci Heidelberg

Makon jiya mun tsaya a Strasbourg, inda Karl Ludwig, mai mulkin ƙasar Pfalz ta Jamus, ya miƙa 'yarsa Liselotte ga Faransawa ya juya gida, a ƙarshen 1671. Shekarunta 19. Ita da kanta ta rubuta daga baya cewa kuka ta yi ta yi har Châlons.

Ana cewa abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. To me babban ya hango? Ƙasarsa Pfalz tana bakin kogin Rhine, yaƙin shekara 30 ya bar ta a kwance, ga maƙwabci irin Louis na 14, sarkin Faransa. Lissafinsa shi ne, in ya aurar da 'yarsa ga ƙanen sarkin, Philippe na Orléans, wanda matarsa Henrietta ta rasu a 1670, surukuta za ta zame masa katanga.

Anna Gonzaga, matar marigayi ƙanensa, ita ta yi kai-komo. Addini ne ya fara tare hanya: yarinya ta tashi Furotesta, gidan sarautar Faransa kuwa ba ya karɓar amarya sai Katolika. Sai aka shirya ta sauya a Metz, bayan ta bar hannun uba, shi kuma ya yi kamar daga sama ya ji labari. A can aka ɗaura auren ta wakili ranar 16 ga Nuwamba, ango ko ƙeyarsa ba ta taɓa gani ba. A al'adarsu gidan amarya ke ba da kuɗi, Karl Ludwig kuwa hannunsa ba ya buɗuwa, har ƙarancin rigunan da ta zo da su sai da ya zama abin tsegumi a fada.

Ɓarnar tana cikin takarda. An sa ta yafe gadon ƙasa, amma aka bar mata haƙƙi a kan dukiyar gida ta ƙashin kai, ba tare da an shata iyaka tsakanin biyun ba. Dukiyar mace kuma a hannun miji take. Babban da ya hango nesa bai ga wannan ƙofar ba. (Mutumin da ya ajiye uwarta a gefe ya ɗauko Luise von Degenfeld tun 1658, ina zai tsaya tunanin makomar 'ya?) Tun 1674 ma katangar ta tsage, Turenne, janar ɗin Faransa, ya shiga Pfalz ya ƙona ƙauyuka, uban na raye, abin da ya iya kawai shi ne aika masa goron gayyatar fito-na-fito.

Karl Ludwig ya rasu a 1680. Ɗansa Karl ya bi shi a 1685, ba magaji. Nan Louis ya zaro takardar ya ce gadon matar ƙanensa yake nema. A 1688 sojojin Faransa suka tsallaka, a 1689 aka sa wa fadar Heidelberg, babban birnin Pfalz, albarushi, Mannheim da Speyer da Worms suka ci wuta, a 1693 aka dawo aka ƙarasa Heidelberg. Da sunan Liselotte ake tatsar talakawa, ko sisi bai shiga hannunta ba, ita kuwa tana Versailles ba ta iya barci. Marin da ta zabga wa ɗanta a gaban fadawa a 1692 ma, ni ina ganin da sauran wannan haushin a ciki. Wannan sai mako mai zuwa.