Godiya Bayan Gwajin 'Yan Wasanmu Kurame A Katsina

Assalamu alaikum. A madadin 'yan wasanmu kurame da iyayensu, ina miƙa godiya ga duk wanda ya sa hannu har gwajin zaɓen 'yan wasa da muka yi ranar Asabar ya kammala lafiya. Alhamdu lillahi, kowa ya koma gida ba rauni, sai gajiya.

Malaman da suka yi sammako suka rako yara daga Malumfashi, da iyayen da suka taso daga Daura, Funtuwa da Dutsin-Ma da kuɗin motarsu, Allah Ya saka. Haka masu Keke Napep da suka yi ta jigila daga tasha, wasu ma suka ƙi karɓar ko sisi.

Godiya ta musamman ga likitan kunne da ya ba mu yininsa kyauta. Mutane da yawa ba su san cewa ba kowane mai matsalar ji ne ke shiga gasar kurame ba. Ƙa'idar duniya ita ce, sai jin mutum ya ragu da aƙalla desibel 55 (ma'aunin ƙarfin sauti ke nan) a kunnen da ya fi ji da shi, kuma ba a shiga fili da na'urar ƙara ji. Duk wanda muke son sunansa ya kai gaban Hukumar Wasannin Kurame ta Najeriya, dole ya tsallake wannan matakin. Akwai wani yaro da ya fi kowa gudu, gwaji ya nuna jinsa bai ragu har haka ba. Ya zauna gindin darbejiya yana hawaye. Likita bai ce a kira na gaba ba. Ya jawo tafinta, ya durƙusa gabansa, ya zana masa sakamakon a takarda har ya gane cewa ba korarsa aka yi ba, akwai gasar masu ji da zai iya nema. Mahaifinsa ya ce tun da suke zuwa asibiti, wannan ne karon farko da aka yi wa yaron bayani shi da kansa, ba a bi ta kansa an gaya wa uba ba. Likita, mun gode.

Tafintocinmu kuwa sun sha aiki, don harshe biyu ne a filin. 'Yan makaranta na amfani da alamun da aka koya masu a aji, waɗanda tushensu na Amurka ne, waɗanda ba su yi boko ba kuma maganar hannu irin tamu ta Hausa suke yi. Sai da aka riƙa juya magana tsakanin kurma da kurma. Hannuwan tafintocin ba su huta ba har la'asar.

Alƙalan wasa ma sun cancanci yabo. Sun ajiye usur sun riƙi tuta, duk da dai ɗayansu ya yi ta kai hannu baki saboda sabo, yara na yi masa dariya. 'Yan kallo kuma kafin a tashi sun koyi ɗaga hannuwa sama suna kaɗawa a maimakon tafi.

Wani bawan Allah ya zo da buhun shinkafa yana tambayar ina nakasassun da za a raba wa. Mun karɓa, an dafa wa 'yan wasa, mun gode masa. Amma a ganina abin da yaran nan suka fi buƙata shi ne takalman gudu, ƙwallaye da fili. Gasar kurame ta duniya, Deaflympics, tun 1924 aka fara ta a Paris, a 2025 aka yi bikin cikarta shekara 100 a Tokyo. Ba sadaka ake rabawa a can ba, lambobi ake ci. Muna roƙon hukumomin wasanni na jiha su duba yiwuwar ba mu lokacin atisaye a filin wasa na Muhammadu Dikko, ko da sau ɗaya ne a mako.

Za mu sanar da iyaye sunayen waɗanda suka yi nasara da zarar an gama tantance takardun gwajin ji. Wanda ke da ɗa ko 'ya kurma a gida, ya kawo mana shi atisayen Asabar, ko bai taɓa shiga aji ba. Allah Ya saka wa kowa da alheri, Ya mayar da abin da aka kashe, amin.