Tsibiran Ummi

Laraba. Hazo tun asuba, ko Dala ba a hangowa.

Na dawo daga Kwari bayan la'asar ƙafata kamar ba tawa ba, kuma ban samo kalar atamfar da Hajiya take so ba. Ina shigowa na tarar da Ummi rub da ciki a tsakar gida, ta juya bayan kalandar bara tana ta zane da jan biro. Na ɗauka aikin makaranta ne. Ashe ƙasa guda ta ƙirƙiro. Tsibirai bakwai a jere kamar ƙosai a mai, teku ya kewaye su. Yarinyar da duk ruwan da ta taɓa gani bai wuce dam ɗin Tiga ba.

Kowane tsibiri da agogonsa a tsakiya, kuma babu biyun da suka yi daidai. Ta ce a wannan tsibirin lokaci gudu yake yi, nan ta ajiye jarrabawa da allura da tsifar kai, kafin ka ce wayyo an gama. Na kusa da shi kuma Sallah ce, hantsi ba ya wucewa sai an gama yawon karɓar barka da Sallah. Akwai wanda agogonsa ba shi da hannu ko ɗaya, wai a can miya ba ta lalacewa ko an ɗauke wuta sati guda. Na ce wannan nawa ne, a kama min fili. Har mai fito ta zana da kwalekwalensa, ba ya karɓar naira, sai dai ka biya shi da mintoci.

Hajiya na kan tabarma da carbinta, ta ce, "Takwara, ai an riga ki. Mutanen Kogo shekara 309 suka yi suna barci, da suka farka suka ce yini ɗaya suka yi ko wani yanki na yini. Har suka aiki ɗayansu gari da azurfarsu ya sayo abinci." Ummi ta ce to su ma ta ba su tsibiri. Hajiya ta ce a'a, a bar bayin Allah a kogonsu.

Shi kuwa Auta, tunda ya shiga BUK ba a yin magana a gidan nan bai sa baki ba. Ya ajiye kofin shayi ya ce akwai irinsu da gaske. Tsibiran Diomede guda biyu, babban na Rasha, ƙaramin na Amurka, tsakaninsu kamar kilomita 4 ne, amma layin da ke raba kwanan wata ya ratsa ta tsakiyarsu, har babban ya riga ƙaramin da awa 21. Kana tsaye a yau kana hango gobe. Ya ce ƙasar Samoa ma a 2011 tsallake ranar 30 ga Disamba suka yi, suka kwanta Alhamis suka tashi Asabar. Na ce wannan ai lissafin mutane ne, ba lokacin ne ya canja ba. Sai ya ce, "To Anti, agogon taurarin GPS fa? Kullum sai ya ɗan riga na ƙasa, da ba a gyarawa da taswirar wayarki ta ɓatar da ke." Ban ja da shi ba, na gaji.

Muna ta dariya har na lura da na bakwai. Ƙarami ne, can a ƙurya inda takardar ta yage. Babu bishiya, babu gida. Mutum ɗaya ne da hula, da akwati a gefensa.

Na ce wane ne wannan.

Ta ce, "Abba ne."

Na ce me ya sa shi kaɗai.

Ba ta ma ɗago ba, tana ƙara wa tekun layi. "A can idan aka kwana ɗaya, a Kano an yi shekara. Shi kwana uku kawai ya yi, Umma. Shi ya sa bai dawo ba tukuna. Kuma shi ya sa takalmin bai shige ni ba."

Takalmin da ya aiko da alhazai ne bayan babbar Sallah. Fari mai fure, mai kyau sosai, amma na 'yar shekara biyar. Ranar da ta gwada shi ya tsaya a rabin ƙafa ba ta yi kuka ba, ta ce a ajiye wa ƙanwa. Na ɗauka ta manta. Ashe wata da watanni tana neman masa hujja, sai yau ta samo.

Hajiya ta ci gaba da jan carbi da sauri-sauri. Auta ya tuna wai yana da karatu.

Ni ban san abin da ya fi cina ba. Da ta yi fushi da shi, da na san yadda zan rarrashe ta. Amma ta wanke shi tas, ta ɗora laifin a kan agogo. Ni da nake babba ban taɓa yi masa wannan adalcin ba, kullum sai na ƙirga: azumi uku, Sallah shida, haƙoranta na gaba sun fita sun fito, duk yana Jidda.

Tuwo da miyar kuka. Ba wanda ya ci da yawa.

Abbanta ya kira ƙarfe 9, can 11 ke nan, muryarsa duk gajiya. Ummi ta riga ta yi barci. Ya ce yaya karatunta, tana aji biyu ko? Na ce uku. Ya yi shiru, sannan ya ce ikon Allah. Na ɗauki hoton zanen zan tura masa, na rubuta, na goge, na sake rubutawa. Yana nan a wayar ban tura ba.

Har yanzu ba a kawo wuta ba. Gobe sai na koma Kwari.