Kirari daban, tarihi daban: abin da 'yan matan Immaculata suka koya mini

"Wannan kirari ne ka rubuto mini." Abin da malamina ya rubuta ke nan da jan biro a saman shafin farko na aikina, kuma ko kalma ɗaya bai ƙara ba. A kwas ɗin tarihin wasanni ne, an ce kowa ya ɗauki ƙungiya guda ya bi diddiginta. Abokan karatuna duk suka yi rububin manyan kulob na ƙwallon ƙafa. Ni kuwa, don son a ce na fita daban, na ɗauko ƙungiyar ƙwallon kwando ta mata ta wata 'yar kwaleji mai suna Immaculata, da ke yamma da birnin Filadelfiya a jihar Fensilbaniya ta Amurka.

Labarin ne ya ja ni, kuma duk wanda ya ji shi sai ya ja shi. Kwalejin mata zalla ce a lokacin, ta sistocin Katolika, ɗalibanta ba su kai dubu ba. Zauren wasanninta gobara ta cinye shi. A 1970 suka ɗauki wata matashiya mai shekara 22, Cathy Rush, a matsayin koci, albashinta dala 450 a shekara. Cikin shekara biyu ta kai su gasar ƙasa a garin Normal na jihar Illinois, suka ɗauke kofin 1972, suka maimaita a 1973, suka sake a 1974. Shafi goma sha biyu na cika da yabon juriya da jajircewa. Ashe ban ma fara aikin ba.

Da na same shi a ofis, bai ɗago kai daga takardun da yake dubawa ba. Ya ce, "Kai, wa ya biya musu kuɗin jirgi?"

Na ce, "Malam, ai ba wannan ne muhimmi ba."

Ya ce, "To je ka nemo, sai mu ga ko muhimmi ne."

Na fita ina ƙunƙuni. Amma amsar da na samo ta fi duk shafukana armashi. Kuɗin tafiyar bai isa ba, har buroshin goge haƙori 'yan wasan suka sayar don tara abin da za a tara, kuma duk da haka mutum takwas kaɗai aka iya ɗauka, da tikitin jiran gurbi, wato sai in an samu kujerar da babu mai ita. Su aka sa a matsayi na 15 cikin ƙungiyoyi 16. A wasan ƙarshe suka haɗu da West Chester, makarantar da ita kanta Rush ta gama, wadda ta lallasa su da ci 70 da 38 a gasar yanki ba da daɗewa ba. A wannan karon suka rama da 52 da 48. Kalmar "juriya" da na yi ta nanatawa ba ta nuna wa mai karatu komai ba. Buroshin nan kuwa ya nuna.

Kuskurena na biyu ya fi ba ni kunya, don shi ba na salo ba ne, ƙarya ce tsagwaronta na rubuta ban sani ba. Na ce dokar nan da Amurkawa ke kira Title IX, wadda ta haramta nuna bambancin jinsi a makarantun da ke karɓar kuɗin gwamnatin tarayya, ita ce ta buɗe wa Immaculata hanyar nasara. Jimlar ta yi daɗin karantawa, shi ya sa ban tsaya bincikarta ba. Malam ya ja layi a ƙarƙashinta, ya rubuta "wane wata?" Na duba. An ci kofin farko a watan Maris na 1972. Shugaba Nixon bai sa hannu a dokar ba sai 23 ga Yuni, kuma ƙa'idojin aiwatar da ita a fagen wasanni ba su fito ba sai 1975. Shekarar ce kawai ta zo ɗaya, ni kuwa na ɗaura musu aure. Tun daga ranar, in na ga kaina zan rubuta "saboda", sai na jera kwanan watan abubuwan biyu a gefen takarda tukuna.

To in ba dokar ba ce, me ya kawo nasarar? Ruwa ba ya tsami banza. Makarantun Katolika na Filadelfiya da kewaye sun daɗe suna da gasar ƙwallon kwando ta 'yan mata mai zafi, yara na tasowa da ƙwallo a hannu tun suna firamare. Da yawansu 'ya'yan masu ƙaramin ƙarfi ne, kwalejin da ke kusa da gida ita ce daidai aljihun iyayensu. Haka irin su Theresa Shank da Marianne Crawford da Rene Muth suka taru a wuri guda. Sannan ƙa'idar wasan kanta ta sauya a 1971. Kafin nan mata shida-shida suke bugawa, akasarinsu an tsare su a rabin fili, wai kada gudu ya yi musu lahani. Da aka koma biyar-biyar a cikakken fili, Rush ta rungumi wasan gudu da matsa wa abokan karawa lamba. Abu mafi girma kuma, hukumar AIAW da ke shirya gasar, wadda mata malaman motsa jiki ke tafiyarwa, ta hana ba da tallafin karatu don wasa a farkonta. Babbar jami'a ba ta da abin da za ta janye yarinya da shi wanda ƙaramar kwaleji ba ta da shi.

Nan ne na daɗe, don nan labarin ya juye mini. A 1973 AIAW ta janye haramcin. Dokar da na ɗauka ta ɗaga Immaculata, ita ce ta tilasta wa manyan jami'o'i su zuba kuɗi a wasannin mata, kuma da suka zuba, ƙananan ba su iya bin sahu ba. Ba a faɗi rana ɗaya ba. A Janairun 1975 wasansu da Maryland ne wasan mata na kakar kwalejoji na farko da aka nuna a talabijin a faɗin ƙasar, a Fabrairu kuma suka kara da kwalejin Queens a zauren Madison Square Garden na birnin New York gaban 'yan kallo kusan 12,000. Amma a 1975 da 1976 Delta State ta jihar Mississippi, da 'yar wasanta Lusia Harris, ta doke su a wasan ƙarshe sau biyu a jere. Rush ta ajiye aiki a 1977, ta ci wasa 149, an ci ta 15. Yau makarantar tana rukuni na uku na NCAA, babbar hukumar wasannin kwalejojin Amurka, inda ba a ba da tallafin karatu don wasa.

Na sha wahalar rubuta wannan sashe. Zuciyata na so in sami mugu a labarin, babu. Dokar alheri ce, dubban 'yan mata sun yi karatu kyauta a dalilinta, ba mai hankalin da zai so a koma zamanin buroshi. Amma waɗanda suka nuna wa duniya cewa mutane za su biya kuɗi su kalli mata na wasa, su ne aka fara bari a baya da kuɗin ya zo. Dole na bar maganganun biyu su zauna a shafi ɗaya ba tare da na sasanta su ba, abin da a da nake ɗauka gazawar marubuci ce.

Akwai hoton da na liƙa a jikin kwamfutata duk tsawon aikin: sistoci cikin shigarsu ta addini a rumfar 'yan kallo, suna buga bokitan ƙarfe da sanduna, ga 'yan wasa a fili cikin rigunan ulu masu nauyi irin na yunifom ɗin makaranta. A rubutun farko da shi na buɗe, don yana burgewa. A na ƙarshe na mayar da shi tsakiya, kusa da bayanin kuɗi.

Malam ya ce in ƙara shafi ɗaya kan inda 'yan wasan suka nufa. Marianne, wadda ta koma Stanley bayan aure, ta zama koci a Old Dominion, jami'ar da ke cikin na farko wajen ba mata tallafin wasa, ta ci kofin ƙasa a 1979 da 1980 da 1985. Rene, wadda ta koma Portland, ta shafe shekara 27 tana horar da Penn State. Theresa, wadda ta koma Grentz, ita ta jagoranci tawagar ƙwallon kwando ta matan Amurka a gasar Olamfik ta 1992. Shekara goma kafin nan, a Maris na 1982, lokacin da NCAA ta shirya gasar mata ta farko manyan jami'o'i suka kwashe suka koma can, AIAW ta buga wasan ƙarshenta na ƙarshe a Filadelfiya. Rutgers ta doke Texas, kocin Rutgers kuwa Theresa ce.