Daga Mancesta zuwa Oldham, kan sawun zaɓen kaki na 1900

Na hau jirgin cikin gari na Metrolink a tashar Victoria ta Mancesta, layin da ke zuwa Rochdale. Ana taɓa katin banki a na'urar da ke bakin dandamali kafin a hau, a sake taɓawa in an sauka. Wanda ya manta na biyun za a cire masa kuɗi fiye da na tafiyarsa. Cikin kusan rabin awa na sauka a Oldham Central, bayan mun wuce tsofaffin masaƙun auduga na jan bulo. Daga nan ɗan hawa ne a ƙafa zuwa tsohon zauren gari da aka gina a 1841, wanda yanzu ya koma gidan silima. A kan matakalarsa Winston Churchill ya yi jawabi bayan ya ci kujerarsa ta farko a majalisar Birtaniya a Oktoban 1900, a babban zaɓen da ake kira zaɓen kaki.

Sunan kaki daga kayan soja ya samo asali. Birtaniya na yaƙi da Turawan Boer a Afirka ta Kudu, Pretoria, babban birnin ƙasar Boer ta Transvaal, ta faɗi a watan Yuni, sai Firaminista Salisbury na jam'iyyar Konsabatib ya rushe majalisa alhali da sauran shekara biyu a wa'adinta, don a jefa ƙuri'a tun murnar nasara ba ta huce ba. Yaƙin kuwa bai ƙare ba sai Mayun 1902.

A tsaye a dandalin na gane yadda aka yi. Oldham kujera biyu gare ta, kowane mai zaɓe da ƙuri'a biyu, yana iya raba su tsakanin jam'iyyu. Shi ya sa Alfred Emmott na jam'iyyar adawa ta Libaral ya zo na ɗaya da 12,947, Churchill na Konsabatib ya bi shi da 12,931, ya kayar da Walter Runciman, ɗan takarar Libaral na biyu, da ƙuri'a 222 kacal. Ba kuma rana ɗaya aka yi zaɓen ba, an ja shi daga 26 ga Satumba zuwa 24 ga Oktoba, don haka sakamakon garuruwan farko ya riƙa karkatar da na baya. Mata ba su da ƙuri'a, sojojin da ake yaƙin neman zaɓe da sunansu ma suna can bakin daga ba su jefa ba. Wannan ya tsaya mini a rai.

Libaral ta shiga zaɓen da ɓaraka uku: su Asquith da Grey na goyon bayan yaƙin, su Lloyd George na adawa da shi, shugabansu Campbell-Bannerman na tsakiya yana ɗinki. Joseph Chamberlain, ministan ƙasashen mulkin mallaka, ya yi ta cusa wa jama'a cewa duk kujerar da gwamnati ta rasa ribar Boer ce. Gwamnati ta samu 402 cikin 670. Sabon kwamitin ma'aikata da ya zama jam'iyyar Leba ya samu biyu. Takardunsa na farko suna People's History Museum a bakin kogin Irwell, inda na biya da yamma. Ganin su sai an nemi izini tun kafin ranar.

Chamberlain ɗin nan shi ne ubangidan Lugga, wanda ya ɗaga tuta a Lokoja ranar 1 ga Janairun 1900. Majalisar da aka zaɓa a wannan kaka ce ke zaune lokacin da Kano da Sakkwato suka faɗi a 1903.