Babura a Ƙarƙashin Bahar Maliya

Ƙarfe huɗu na dare mota ta ɗauke mu daga masauki a Sharm el-Sheikh, sai a kan jirgin ruwa na yi sallar asuba, ina yi ina dafa ƙarfe saboda tangaɗi. Shekara biyu ke nan da na koyi nutso a Dahab, lokacin wani hutu daga karatu a Alƙahira, kuma tun daga nan duk mai nutson da na haɗu da shi tambayarsa ɗaya ce: ka je Thistlegorm, jirgin ruwan nan da ya nutse a Bahar Maliya? Tafiyar ta fi awa uku, a wuce Ras Muhammad a miƙe zuwa Sha'ab Ali.

Bayan mun karya, jagoranmu, wani Bamisire da rana ta gasa wa fuska, ya zana Thistlegorm a allo yana nuna mana ta inda za mu shiga. Jirgin dakon kaya ne na Birtaniya, wanda kamfanin Joseph Thompson ya ƙera a Sunderland a 1940, tsawonsa ya haura mita 120, aka ɗora masa bindigogi a baya tunda zamanin yaƙi ne. Bai yi tsawon rai ba. Ya je Amurka ya kwaso ƙarafan titin jirgin ƙasa, ya je Ajantina ya ɗauko hatsi, ya je tsibiran Karibiyan, sai tafiya ta huɗu. A watan Yuni 1941 Kyaftin William Ellis ya taso da shi daga Glasgow, maƙare da kayan yaƙi na sojojin da ke Masar. Da yake Jamus da Italiya sun tsare Bahar Rum, sai da ya zagaye Afirka kaf ta Cape Town. Yana gab da isa aka ce ya saki anga ya jira, wasu jirage sun yi karo sun toshe mashigin Suwez. Yana nan tsaye, daren 6 ga Oktoba, jiragen saman Jamus samfurin Heinkel da suka taso daga tsibirin Kirit suka hango shi. Bama-baman suka sauka daidai ɗakin da aka jibge harsasai. Mutum 9 suka rasu, jirgin yaƙi HMS Carlisle ya tsamo sauran.

Igiya muka bi muka gangara, ruwa na fizgar mu gefe. Da farko shuɗi ne kawai, can sai wani baƙin abu ya fara bayyana kamar tsauni. Gindinsa na kwance a zurfin mita 30. Inda bam ya faɗa ƙarfe ya nannaɗe kamar tabarma, kuma can gefe a kan yashi ga kan jirgin ƙasa a zaune, ɗaya daga cikin biyun da aka ɗauko, ƙarfin fashewar ne ya cilla shi.

Amma ciki ne ya kama ni. Na haska fitila sai ga motocin Bedford a jere, a bayansu an shirya babura kirar BSA da Norton, kamar gobe za a sauke su a tasha. Na matsa kusa da ɗaya har ina ganin zanen tayarsa, wani ɗan kifi ja yana leƙowa daga ƙarƙashin tankin mai. Gaba kaɗan takalman roba ne birjik a ƙasa. Su ruwan gishiri bai ci su ba, kamar ka ɗauka ka zura ƙafa. Na tsaya a kansu har jagora ya ƙwanƙwasa tukunyar iskarsa yana kira na.

Abin da ya sosa min rai shi ne motoci da yawa babu sitiyari, an ɓalle an tafi da su tsaraba. Tun da Jacques Cousteau, Bafaranshe mai binciken ƙarƙashin teku, ya gano jirgin a shekarun 1950, musamman daga shekarun 1990 da masu yawon buɗe ido suka yi masa ca, hannu bai bar shi ya huta ba. Wurin nan kushewa ce, mutane sun mutu a ciki, bai kamata a riƙa yi masa ɗauki ɗai-ɗai ba.

Da muka fito aka miƙo min shayi mai zafi, hannuna na rawa saboda sanyi. Na ƙirga jiragen da suka ɗaure igiya a saman wurin, har da namu takwas ne.