Jaririn da ba ya kuka

Jiya na je dubiya asibiti, na tarar da wani yaro ɗan wata takwas kwance shi kaɗai. Ba kuka, ba motsi, sai ido. Wata baiwar Allah tana ta yabonsa, wai akwai haƙuri. Ni kuwa gabana ne ya faɗi.

Jariri na kuka ne don yana sa ran za a zo. In ya yi ta kira ba a amsa ba, sai ya daina. An ga haka a Romaniya bayan faɗuwar shugaban ƙasar, Ceausescu, a 1989, da aka buɗe gidajen marayu aka iske yara sama da 100,000. Ko inda ake ba su abinci, ba mai ɗaukarsu, ba mai yi musu wasa. Masu binciken da suka bi diddigin yara 136 na gidajen marayu a Bukares, babban birnin ƙasar, sun gano waɗanda aka ba wasu iyalai riƙonsu kafin su cika shekara biyu sun fi farfaɗowa wajen magana da kaifin ƙwaƙwalwa. Waɗanda suka daɗe a can kuwa, da yawansu sun girma da wahalar maida hankali da shaƙuwa da mutane.

Shi ya sa masu cewa kar a riƙa ɗaukar jariri, wai zai saba da hannu, suke ba ni haushi. To ya saba mana!