Kafin ka sayi ƙarin gem, kawo mana kwalin mu duba

Yawancin masu wucewa ta ƙofar shagonmu sun ɗauka aikinmu bai wuce sayar da faifan gem da gyaran hannun PlayStation ba. Muna yin su kam. Amma abin da ya fito da sunanmu a Kano, har ake turo mana mutane daga Zariya da Katsina da Maraɗi, shi ne matsalar ƙarin kayan gem, abin da 'yan wasa ke kira DLC. Mutum ya biya kuɗinsa ya sayi sabbin 'yan dambe a Mortal Kombat 11, ko sabon yankin Shadow of the Erdtree da aka ƙara wa Elden Ring a watan Yunin 2024, ya sauke, ya buɗe gem, bai ga komai ba. Ko kuma gem ɗinsa na kwamfuta yana shagon intanet na Epic, ƙarin da ya saya na wani shagon ne mai suna Steam, yana so a haɗa masa su. Irin waɗannan su ne ke cika mana benci.

Abin da nake fara gaya wa kowa shi ne, ranar da ka biya kuɗin DLC, izini ka saya, kuma izinin nan a rubuce yake da sunan asusunka, a shago ɗaya, na yanki ɗaya. Fayil ɗin da ya sauka a na'urarka ba shi da wani amfani in gem ɗin bai ga izinin da ya dace da shi ba. Kamar katin waya ne: ka sayi na MTN, ba zai shiga layin Airtel ba, ko da kuɗin ɗaya ne, wayar ma ɗaya ce. Wanda ya gane wannan ya gane rabin sana'ata. Sauran rabin kuwa sai an zauna an koya.

A PlayStation aka fi shan wahala, kuma dalilin a ƙasarmu yake. Najeriya ba ta cikin ƙasashen da ake iya zaɓa wajen buɗe asusun PSN, wato asusun intanet na PlayStation, haka ma Nijar. Duniya ta ga girman wannan giɓi a watan Mayun 2024, lokacin da Sony, kamfanin da ke yin PlayStation, ta ce dole masu buga Helldivers 2 a Steam su haɗa da asusun PSN, aka cire gem ɗin daga kasuwa a ƙasashe fiye da 170, ihu ya yi yawa har ta janye sharaɗin. Mu dai mun daɗe da sanin haka. Yaro zai buɗe asusu, ya duba bai ga Najeriya ba, sai ya danna Amurka, don katin dala na loda kuɗi a shagon PlayStation ya fi sauƙin samu. Faifan da ke hannunsa kuwa na hannu ne daga Ingila, ko wanda aka shigo da shi ta Dubai. Faifan zai yi aiki lafiya lau, domin PS4 da PS5 ba sa ƙin faifan wani yanki. Sai ranar da ya sayi ƙari daga shagon Amurka, lokacin ne zai gane gem ɗin Turai da na Amurka suna ɗaya gare su kawai. A wajen na'ura abubuwa biyu ne daban. Kuma ƙasar da ka zaɓa ranar buɗe asusu ba ta canzuwa har abada.

Ni in an miƙo mini kwali, kusurwar ƙasa nake fara kallo. In tambarin shekaru na ESRB ne, faifan Amurka ne. In PEGI ne, na Turai ne. USK na Jamus ne, CERO na Japan. Daga nan sai in juya gefen kwalin, in karanta lambar da ke ƙasa: a PS4 tana farawa da CUSA sai alƙaluma biyar, a PS5 kuma PPSA. Lambar nan ita ce ainihin sunan gem ɗin, da ita DLC ke neman mazauninsa. Wani lokaci a cikin Turai kanta gem ɗaya kan fito da lamba fiye da ɗaya saboda bambancin harsuna, shi ya sa ganin PEGI kaɗai ba ya isata. Kuma ba na yarda da kwali sai na fito da faifan na karanta lambar jikinsa. Masu kawo mana kaya na hannu ba su damu ba, su zuba faifan Amurka a kwalin Ingila, su ce ai gem ɗaya ne. Akwai dilan da na daina karɓar kayansa a kan wannan halin, duk da cewa ya fi kowa sauƙin farashi.

Wannan ɗabi'a ta karanta kwali a wajen maigidana na same ta, Allah ya ƙara masa lafiya. Ina yaro na fara zama a rumfarsa a Sabon Gari, zamanin PS2 da Winning Eleven, lokacin da duk abin da ka buga yake cikin ɗan katin ajiya mai megabait 8. A wancan zamanin na'urar ce kanta ke ƙin faifan wani yanki, kuma in ka haɗa na'urar Amurka da tsohuwar talabijin irin tamu, hoto ya fito baƙi da fari saboda bambancin tsarin hoton talabijin na Amurka (NTSC) da namu (PAL). Maigida ba ya barin yaro ya taɓa sukudireba sai ya iya ware faifai. Zai juye katan guda a gabanka, ya ce raba mini su, ya tafi masallaci. In ya dawo ya tarar da guda ɗaya a inda bai dace ba, ba zai nuna maka wanne ba ne, cewa zai yi akwai baƙo a ciki, ka nemo shi. Da PS3 ta zo, lambobin suka zama BLES na Turai da BLUS na Amurka, aka kuma fara sayen ƙari ta intanet, sai ya zamana horon nan na rumfa shi ne jarina. Har yau akwai babban littafi a ƙarƙashin kantar shago da nake rubuta lambar duk faifan da ya ratsa shagon da asusun da ƙarinsa ya yi aiki a kai. Yarana na dariya wai komai yana intanet, amma ranar da sabis ya ɗauke littafin suke jawowa.

To, in ɓarna ta riga ta faru, me muke yi? In mutum ya zo da wuri, bai danna saukewa ba, akwai hanya: dokar shagon PlayStation ta ba da kwana 14 a nemi a mayar da kuɗi, muddin ba a fara sauke abin ba. Mu kan zauna da shi mu rubuta buƙatar. In ya riga ya sauke, sai dai a yi haƙuri da wancan kuɗin a gyara gaba. Mu buɗe masa asusu na biyu a yankin faifansa, mu sa katin fam in na Ingila ne, mu sayi ƙarin a can, sannan mu saita na'urar ta zama babbar na'urar wannan asusu, yadda duk wanda ke kanta zai ci moriyar abin da aka saya. Sai ya koma tsohon asusunsa ya ci gaba da wasa, kofunan da ya ci a gem da abokansa duk suna nan. A baki abin da sauƙi. Amma kuɗin cikin gem ba ya bin wannan hanya, yana maƙale ne a asusun da ya saya, don haka mai son sayen maki a gem ɗin ƙwallo lissafinsa daban ne. Wasu kuma sukan ce a canza musu faifan kawai da na Amurka. Ana iya yi, sai dai ina faɗa musu tun kafin su yanke shawara cewa ajiyar wasansu, wato inda suka tsaya a gem, ba lalle ta biyo su ba, tunda lambar ta canza. Ko a yanki ɗaya hakan na faruwa. Da aka fitar da cikakken bugun The Witcher 3 a watan Agustan 2016, wanda ya haɗo Hearts of Stone da Blood and Wine, masu PS4 sun tarar ajiyarsu ta tsohon bugun ba ta buɗewa a sabon. Mutumin da ya shafe watanni yana wasa, ka ce masa ya koma farko, ai sai ka shirya lallashi.

A nan ne masu ciniki ke ba ni haushi. Ka gama wannan aiki, mutum ya dube ka ya ce, "Haba Malam, ai danne-danne kawai ka yi, ko sukuru ba ka kwance ba." Ni kuma in ce masa, Alhaji, danne-dannen ne ka yi da kanka a gida har dalolinka suka tafi.

Ɓangaren kwamfuta kuwa ɗalibai ne suka fi yawa, masu laftof daga BUK da sauran makarantu. Steam ta kamfanin Valve tana nan tun 2003, GOG ta zo a 2008, Epic ta buɗe shagonta a Disambar 2018 ta shiga rabon gem kyauta don jawo jama'a. A watan Mayun 2020, ana zaman kulle na korona, ta raba GTA V, mako na gaba ta raba Civilization VI. Yara da dama a lokacin suka fara tara gem a Epic. Daga baya sai su ga wani yana tallan lambar DLC da araha, su saya, ashe ta Steam ce. Steam kuma ba za ta karɓi lambar ƙari ba in ba ka mallaki uwar gem ɗin a wajenta ba. Haka wanda ke buga gem ta Game Pass, tsarin Microsoft na biyan kuɗin wata, ƙarinsa sai daga shagon Microsoft. In an zo mini da irin wannan, lissafi nake yi wa mutum a takarda: ko ya jira rangwame ya sayi uwar gem ɗin a Steam, ko ya sake sayen ƙarin a Epic, wanne ya fi sauƙi. Abin da hannuna ke iya ɗauka in kai wani shago shi ne ajiyar wasa, a gem ɗin da suka yarda da hakan, don na san lungunan da kowanne ke ɓoye ta. Wani lokaci ma manyan fayilolin gem ɗin kan yi amfani, shagon ya duba su ya sauke ɗan abin da ya rage, mutum ya tsira da kuɗin datarsa. Izinin ne dai ba ni da ikon ɗagawa.

Ba wai ba a taɓa yin ƙaura ba. Ana yi, in kamfanin da kansa ya buɗe ƙofa. Da Destiny 2 ya tashi daga shagon Battle.net ya koma Steam ranar 1 ga Oktoban 2019, waɗanda suka haɗa asusunsu sun tafi da abin da suka saya. Bethesda, mai yin gem, ta yi haka a 2022 da za ta rufe manhajarta, ta bar mutane su kwashe kayansu zuwa Steam. GOG ta taɓa yin wani tsari, GOG Connect, daga 2016, inda wasu gem ɗin da ka mallaka a Steam za ka karɓe su kyauta a wajenta, amma an rufe shi. A Fortnite kayan adonka na bin asusun Epic duk na'urar da ka hau. Microsoft na da Play Anywhere tun 2016, a gem ɗin da ke cikin tsarin, ka saya sau ɗaya ka buga a Xbox da kwamfuta. Aikina ne in san wace ƙofa ce a buɗe yau, kuma in kula wajen haɗa asusu, domin wasu kamfanonin in ka haɗa da wanda ba shi ba, warwarewa sai an sha fama.

Duk wanda ya ce maka zai iya abin da ya wuce wannan, ka riƙe aljihunka. Sun cika gari yanzu, yaro da laftof da lambar WhatsApp, wai yana buɗe kowane DLC a kan kuɗin da bai kai na kwanon shinkafa ba. Wasu fayil ɗin yaudara suke dasa maka mai sa gem ya ɗauka ka biya, ranar da kamfani ya gano, asusunka ne a bakin rufewa, da duk abin da ka tara na halak a ciki. Wasu kuma asusu ɗaya suke sayar wa mutum goma, bayan kwana biyu mai shi ya canza kalmar sirri, ka kira lamba a kashe. Sannan waɗanda aka cuta su aiko mana da gawar mu yi jana'iza. Masu katin ma ba a bar su a baya ba. Lokacin da bankuna suka rage abin da katin naira ke iya saya a waje zuwa dala 20 a wata a 2022, kowa ya koma sayen katin shago, 'yan damfara suka samu kasuwa: kati an riga an yi amfani da shi, ko ka ce na Ingila a turo maka na Amurka. Ni a gaban mai shi nake loda kati, ya ga kuɗin ya shiga da idonsa, kuma in kati ya ƙi, asarar tawa ce.

Nan da watan Satumba sabon gem ɗin ƙwallo na EA zai fito kamar yadda aka saba kowace shekara, masu gidajen gem za su yi layi, wasu kuma za su tashi daga PlayStation su koma kwamfuta. Su sani tun yanzu, makin da aka saya a wata na'ura ba ya tsallakawa wata. Duk mai shirin sayen ƙari, ya ɗauki hoton gefen kwalinsa da fuskar faifan, ya duba ƙasar da ke kan asusunsa, ya zo da su ko ya aiko yaro. Dubawa kyauta ce, ba ma karɓar ko sisi. Muna buɗewa kullum, ranar Juma'a ne kawai sai an sauko daga masallaci.